Yadda Ake Samun Hotunan Tarihi da Al'adun Koriya Kyauta, a Yi Amfani da Su Bisa Doka

Tun da finafinan tarihin Koriya masu dogon zango suka samu karɓuwa a wajenmu, masu neman hotunan ƙasar suka yawaita. Wani yana da tasha a YouTube inda yake ba da labarin sarakunan Joseon, tsohuwar daular Koriya, da Hausa, wani yana rubuta maƙala a Wikipedia ta Hausa, wani malamin makaranta ne mai haɗa darasi, wani kuma bangon littafi yake nema. Tambayarsu ɗaya ce, kuma kullum sai an maimaita mini ita: a ina ake samun hoto mai kyau wanda ba za a zo daga baya a ce ka ɗauki kayan wani ba?

Mu kan ce tsintuwa ba sata ba ce, amma dokar haƙƙin mallaka ba ta san wannan magana ba. Najeriya da Nijar da Koriya ta Kudu duk suna cikin yarjejeniyar Berne ta kare haƙƙin mallaka tsakanin ƙasashe, saboda haka hoton da aka ɗauka a Seoul yana da kariya a Kano da Zinder ko da babu wata alama a jikinsa. Sa'ar da aka yi, Koriya ta Kudu tana cikin ƙasashen da suka saki ɗimbin hotunan gidajen tarihinsu kyauta. Ga yadda ake bi.

Kayan aiki da abin da za ka kashe

Waya ta isa, kodayake kwamfuta ta fi sauƙi. Kana buƙatar burauza mai fassara shafi, kamar Chrome, domin mafi yawan shafukan gwamnatin Koriya da harshensu suke. Kana buƙatar Google Lens ko TinEye don bin asalin hoto, da wuri guda na rubuta bayanan kowane hoto, ko da littafin rubutu ne. Hotunan kyauta da zan ambata ba a biyan ko kwabo a kansu. Kuɗin da zai fita na data ne, kuma za ka iya rage shi sosai a mataki na 7.

1. Fara da sanin abin da za ka yi da hoton

Kafin ka buɗe kowane shafi, amsa tambaya biyu. Aikin naka zai kawo kuɗi? Kuma za ka taɓa hoton, wato ka yanke shi, ka sa masa launi, ko ka yi rubutu a kai?

Gargaɗi: mutane suna yaudarar kansu a tambaya ta farko. Tashar YouTube da ake saka wa talla kasuwanci ce. Haka littafin da za a sayar, da kalanda, da riga mai hoto, da shafin da ke tallata kaya. Ko tasharka ba ta fara kawo kuɗi ba, in kana sa ran za ta kawo, ɗauke ta a matsayin kasuwanci tun yau. Ya fi ka dawo kana cire hotuna daga bidiyo hamsin.

2. Koyi alamomin lasisi

Iri biyu za ka yi ta gamuwa da su. Na farko shi ne Creative Commons, wanda ake taƙaitawa CC. Idan ka ga CC0, mai hoton ya sallama haƙƙinsa gaba ɗaya, yi abin da kake so. CC BY na nufin ka yi amfani da shi har a kasuwanci, amma ka ambaci mai shi. CC BY-SA haka yake, sai dai in ka sauya hoton, sabon da ka fitar dole ya zauna a ƙarƙashin irin wannan lasisi. Duk inda ka ga NC, an hana kasuwanci. Inda ka ga ND, an hana sauyawa.

Na biyu na gwamnatin Koriya ta Kudu ne, ana kiransa KOGL, su kuma suna rubuta shi 공공누리. Ga nau'o'insa huɗu da za ka fi gamuwa da su. Nau'i na 1 sharaɗinsa ambaton tushe kawai, kasuwanci da sauyawa duk an yarda. Nau'i na 2 ya hana kasuwanci. Nau'i na 3 ya hana sauyawa. Nau'i na 4 ya hana duka biyun. Alamar ƙaramin akwati ne mai ɗauke da kalmar OPEN, yawanci a ƙasan hoto ko ƙasan bayaninsa. Haddace siffar 제1유형, ma'anarsa nau'i na ɗaya, domin shi kake nema.

In ba ka son wahalar da kanka, tsaya a kan uku: CC0, CC BY da KOGL nau'i na 1. Ga mai bidiyo ma shawarar da nake bayarwa ke nan, domin ana saɓani a kan ko saka hoton BY-SA cikin bidiyo ya zama sauyawa, kuma ba rigimar da ta dace ka shiga ba ce.

Gargaɗi: lasisi a jikin kowane hoto yake, ba a jikin shafi ba. Hotuna biyu na iya zama kusa da juna a shafin hukuma guda, ɗaya nau'i na 1, ɗaya nau'i na 4.

3. Shirya kalmomin bincike

A nan da yawa suke karaya su ce babu hotuna, alhali rubutun sunan ne ya bambanta. A shekarar 2000 Koriya ta Kudu ta sauya tsarin rubuta sunayenta da boko, amma ɗakunan karatu na Amurka da tsofaffin kundaye suna nan a kan tsohon tsari. Gwada Joseon da Choson, Goryeo (daular da ta gabaci Joseon) da Koryo, Busan da Pusan. Hotunan wajen shekarar 1900 sau da yawa Corea aka rubuta a kansu, tashar jiragen ruwa ta Incheon kuma Chemulpo. Na zamanin mulkin Japan, daga 1910 zuwa 1945, za ka tarar an kira ƙasar Chosen, Seoul kuma Keijo.

A shafukan Koriya, bincike da haruffansu ya fi fitar da sakamako nesa ba kusa ba. Ba sai ka iya karantawa ba. Buɗe maƙalar abin a Wikipedia ta Turanci, kwafi sunan da aka rubuta da haruffan Koriya, wato Hangul, a farkonta, ka liƙa. Ga kaɗan na somawa: 경복궁 fadar Gyeongbok, 한복 tufafin gargajiya, 청자 koren tangaran na Goryeo, 김홍도 mai zane Kim Hong-do.

4. Fara daga rumbunan Koriya

Shafin emuseum.go.kr yana haɗa kayan gidajen tarihi masu yawa na ƙasar a wuri guda. Babban gidan tarihin ƙasa da ke unguwar Yongsan a Seoul yana da nasa, museum.go.kr. Fadoji, ganuwa, kaburburan sarakuna da wuraren ibada kuwa, nemi su a heritage.go.kr na hukumar kula da kayan gado ta ƙasa. Hukumar haƙƙin mallaka ta Koriya ita ma tana da rumbu mai suna Gongu Madang, a gongu.copyright.or.kr, inda ta tara ayyukan da wa'adin haƙƙinsu ya ƙare da waɗanda masu su suka bayar kyauta.

Bari mu bi misali ɗaya har ƙarshe. Kim Hong-do, wanda aka haifa a 1745, ya bar kundin zane 25 na rayuwar talakawa, yana ajiye a babban gidan tarihin na Yongsan. A ciki akwai 'yan kokawa, maƙera, da wata makarantar ƙauye inda yaro yake share hawaye a gaban malam, 'yan uwansa suna ƙunshe dariya. Duk wanda ya zauna a makarantar allo zai gane wurin nan take. Liƙa 김홍도 a gurbin bincike, zaɓi kundin, fassara shafin, sannan ka gangara ka nemo akwatin KOGL kafin ka taɓa maɓallin saukewa.

Gargaɗi: ba duk shahararren abu ne yake hannun gwamnati ba. Fitattun zanen Shin Yun-bok da asalin littafin Hunminjeongeum na 1446, wanda ya bayyana haruffan Hangul, suna gidan tarihin Kansong ne, mai zaman kansa. KOGL ba ta hau kan hotunan shafinsa ba. Littafin Jikji na 1377 kuwa, mafi tsufan littafin da ya rage cikin waɗanda aka buga da haruffan ƙarfe, yana babban ɗakin karatun Faransa a Paris, kuma sharuɗɗan shafinsu na Gallica sun bambanta amfanin kyauta da na kasuwanci.

5. Wikimedia Commons da gidajen tarihin Amurka

Commons, rumbun hotunan da Wikipedia take amfani da shi, ba ta karɓar hoto mai NC ko ND, daga cikin nau'o'in KOGL huɗun nan ma nau'i na 1 kaɗai take ɗauka, don haka an riga an tace maka rabin aikin. Maimakon bincike kai tsaye, shiga ta rukunai. Rubuta Category:Gyeongbokgung ko Category:History of Korea, ka bi ƙananan rukunan da ke ƙarƙashi. Buɗe shafin hoton kansa, ka karanta tushe da mai ɗauka da lasisi. Masu sa kai ne suke ɗora hotunan, kuma sukan yi kuskure. In ka ga sanarwar cewa ana tattauna goge hoton, bar shi. In an rubuta cewa aikin mai ɗorawa ne, alhali hoton baƙi da fari ne na zamanin yaƙi, shi ma bar shi.

Don tangaran da zane da sassaƙa, gidajen tarihin Amurka sun fi kowa sauƙi. Metropolitan na New York ya saki hotunan kayansa da suka zama mallakar kowa a ƙarƙashin CC0 a 2017, na Cleveland ya bi a 2019, Smithsonian a 2020. Nemi alamar OA, wato an buɗe wa kowa, ko CC0 a shafin abin.

Gargaɗi: gidan tarihin Birtaniya da ke Landan yana da kayan Koriya masu kyau, amma hotunansa na kyauta CC BY-NC-SA ne. Farin tulun nan na Joseon da ake kira tulun wata, akwai shi a Landan, akwai irinsa a Metropolitan. Na New York za ka iya sa shi a bangon littafin sayarwa. Na Landan sai ka nemi izini ka biya.

Tsofaffin hotunan kyamara kuma, duba ɗakin karatun majalisar Amurka a loc.gov, da tarin Willard Straight na jami'ar Cornell, wanda ya ƙunshi hotunan Koriya na 1904 da 1905. Na yaƙin Koriya na 1950 zuwa 1953 suna catalog.archives.gov, ma'ajiyar tarihin gwamnatin Amurka. Abin da sojan Amurka ya ɗauka a bakin aikinsa mallakar kowa ne a dokar ƙasarsu. Amma hotunan yaƙin da suka fi shahara, da yawansu na kamfanonin dillancin labarai ne da mujallu, kuma har yau ana sayar da su. Rubutun No known restrictions da za ka gani ba lasisi ba ne. Ɗakin karatun yana gaya maka ne bai san wani mai haƙƙi ba, alhakin tantancewa yana wuyanka.

6. Tantance abu biyu: abin da ke cikin hoton, da hoton kansa

Wannan ne matakin da ya fi kowanne kayar da mutane, don haka zan daɗe a kansa.

Tulun Goryeo ya yi shekara ɗari takwas, maginin ya mutu tuntuni, babu mai haƙƙi a kansa. Amma wanda ya tsara haske ya ɗauki hotonsa shekara biyar da suka wuce yana raye, kuma hoton nasa ne. Haka kambin zinariya na daular Silla, haka fadar Changdeok, haka allunan katako sama da 80,000 na wurin ibadar Haeinsa. Tsufan abu ba ya 'yanta hotonsa. Duk abin da ke da jiki, mai gaba da baya, lasisin mai ɗaukar hoto kake nema. Zanen takarda ya ɗan bambanta: Commons tana ɗaukar kwafin tsohon zane da bai ƙara komai ba a matsayin mallakar kowa, bisa wani hukuncin kotun Amurka na 1999. Ba kowace ƙasa ce ta yarda da haka ba, shi ya sa in akwai kwafin gidan tarihin mai KOGL nau'i na 1, shi na fi so.

Sai kuma akasin haka, wato hoton na kyauta ne amma abin da ke ciki yana da mai shi. Babban misali Sarki Sejong, wanda ya yi mulki daga 1418 zuwa 1450. Fuskarsa da kowa ya sani, wadda aka ɗora a takardar won 10,000, ba tsohon zane ba ce. Kim Ki-chang ne ya zana ta a 1973, ya kuma rasu a 2001. Zanen Yi Sun-sin, jagoran mayaƙan ruwa da ya rasu a 1598, wanda ya fi yawo a intanet, Jang Woo-seong ne ya yi shi a 1953, shi kuma ya rasu a 2005. Dokar Koriya ta Kudu tana kare aiki shekara 70 bayan rasuwar mai shi, ga duk wanda ya rasu daga 1963 zuwa sama. Ka lissafa da kanka. Dalilin da ya sa ake dogaro da sababbin zane shi ne yawancin zanen sarakunan Joseon na asali sun salwanta, mafi yawan waɗanda suka rage ma gobara ta cinye su a Busan a Disambar 1954.

Mutum-mutumin Sejong na dandalin Gwanghwamun da ke Seoul a 2009 aka kafa shi, na Yi Sun-sin da ke kusa da shi a 1968. Dokar ƙasar ta yarda a ɗauki hoton irin waɗannan ayyuka da ke fili, amma ba ta yarda a yi kwafinsu don sayarwa ba. Saboda haka ko ɗan yawon buɗe ido ya sa CC BY a hoton da ya ɗauka, haƙƙin kyamararsa kaɗai ya ba ka, ba na mai sassaƙa ba.

To me za ka sa a madadinsu? Don Sejong, akwai kabarinsa a Yeoju da tsofaffin shafukan rubutun Hangul. Don Yi Sun-sin, akwai zanen jirgin yaƙinsa, da ake kira jirgin kunkuru, da aka buga a 1795. In kuwa fuskar sarki kake so ko ta wane hali, zanen Taejo, wanda ya kafa Joseon a 1392, yana nan a Jeonju, kwafi ne na 1872. Kawai kada ka rubuta Sejong a ƙarƙashinsa.

Gargaɗi uku a gurguje. Hoton da aka yanko daga fim na tashar da ta shirya fim ɗin ne, irin su KBS da MBC da SBS. Hoton mawaƙi ko jarumi, ko da lasisinsa na kyauta ne, ba a tallata kaya da fuskarsa sai da izininsa. Hotunan kamfanin dillancin labaran Koriya ta Arewa su ma suna da haƙƙin mallaka.

A wannan matakin ne kuma za ka saka hoton a Google Lens ko TinEye. Pinterest da Facebook cike suke da hotunan Sin da Japan da aka liƙa wa sunan Joseon, ga kuma waɗanda kwamfuta ta ƙirƙira. Tsohon hoton da wani ya yi wa launi a zamaninmu, nemi asalinsa baƙi da fari. Katunan gidan waya na zamanin mulkin Japan kuma, da yawansu shirya mutanen aka yi don a nuna ƙasar yadda mai mulki yake so a gan ta. Kana iya amfani da su, amma ka faɗa wa mai kallo daga ina suka fito.

7. Sauke girman da ya dace, ka ajiye shaida

Bidiyo ba ya buƙatar fiye da faɗin fiksel 1920, hoton gaban bidiyo 1280 ya isa. Commons tana ba ka zaɓin girma a ƙasan hoto. Asalin fayil, musamman irin TIFF na ɗakunan karatu, yana iya cin megabait masu yawa a banza. Wanda zai buga cikakken shafin A4 ne kaɗai yake buƙatar kimanin fiksel 2480 da 3508.

Nan take, kafin ka rufe shafin, rubuta sunan hoton, mai shi, adireshin shafin, lasisi da kwanan wata. Ɗauki hoton fuskar wayarka yadda alamar lasisin za ta fito. In aikin babba ne, adana shafin a web.archive.org. Lasisin CC ba a janye shi daga wanda ya riga ya karɓa, amma mai hoto a shafin ɗora hotuna na Flickr yana iya sauya alamar gobe, kuma ranar da aka tuhume ka shaidar nan ce kaɗai za ta tsaya maka.

Gargaɗi: kada ka sauke daga sakamakon binciken Google kai tsaye, ko da ka zaɓi tacewa ta Creative Commons. Bi hoton har shafinsa na asali.

8. Rubuta ambato

Abu huɗu ake so: sunan aikin, mai shi, inda aka samo, da lasisi. Ga na misalinmu, idan akwatin da ka gani nau'i na 1 ne:

Makarantar ƙauye, zanen Kim Hong-do. Babban Gidan Tarihin Koriya, museum.go.kr, KOGL nau'i na 1. An yanke gefen hoton.

Jimlar ƙarshe tana da muhimmanci. In ka yanke ko ka ƙara launi ko rubutu, faɗa. A hoton CC, rubuta lambar lasisin cikakkiya, misali CC BY 4.0, ka haɗa da adireshin lasisin in wurin ya ba da dama. A Commons, maɓallin Use this file yana fitar maka da rubutun a shirye. A littafi, sa shi ƙarƙashin hoton ko a shafin godiya. A bidiyo, sa shi a bayanin da ke ƙasa, ka kuma nuna shi a ƙarshe, domin bidiyon da aka tura ta WhatsApp ba ya tafiya da bayaninsa. CC0 ba ya tilasta ambato, amma ni ina yi, saboda mai karatu ya san ba ƙirƙirarren hoto ba ne.

Gargaɗi: "Hoto: Google" ba ambato ba ne, haka ma "haƙƙi na masu shi ne". Kuma kada ka tsara aikinka ta yadda za a zaci gidan tarihin ne ya ɗauki nauyinsa. KOGL da CC duk sun hana haka.

9. In an yi ƙorafi, ko in hoton ba na kyauta ba ne

Idan saƙo ya zo ana tuhumarka, koma kan bayanan da ka ajiye kafin ka ba da amsa. In ambato ne ya yi ƙaranci, gyara shi a ranar. Lasisin CC 4.0 yana ba da kwana 30 daga ranar da ka gano saɓawar don ka gyara, lasisin ya dawo da kansa. Tsofaffi irin 2.0, waɗanda suka yi yawa a Flickr, ba su da wannan sassauci, don haka a kansu ne ya kamata ka fi tsananta bin ƙa'ida tun farko.

In hoton da ranka ya kwanta da shi nau'i na 4 ne ko NC, rubuta wa hukumar da Turanci mai sauƙi ta adireshin da ke shafinta. Faɗi lambar abin a kundinsu, inda za ka yi amfani da shi, adadin kwafin da za a buga, da ko za a sayar. Jira amsa a rubuce, ka ajiye ta tare da sauran shaidun. Kafin ta iso, nemi makamancin abin a Metropolitan ko Cleveland, domin tangaran da zanen zamani guda sukan yi kama sosai, kuma mai yiwuwa ka samu wanda zai biya buƙata ba tare da jiran kowa ba.